Daga Gefen Allo Zuwa Sunan Fim: Rabilu Musa Ibro da Ƴan Wasan Gefe a Idon Masu Kallon Ƙasar Dawce

Tsakure

Maƙalar ta bi sawun sana'ar marigayi Rabilu Musa Ɗanlasan, wanda aka fi sani da Ibro, domin duba matsayin ƴan wasan da ba a ɗora wa labarin soyayya a finafinan Hausa: uba, kishiya, boka, maigadi, wawa. Ta yi la'akari da yadda masu kallo a ƙasar Dawce da kewayen Matameye suka karɓi waɗannan finafinai. Abin da take son tabbatarwa shi ne, ta bakin waɗannan ƴan wasa Hausar yau da kullum ta samu shiga fim, kuma su ne aka fi ƙwara wajen lada da mutunci.

Gabatarwa



Mafi yawan abin da aka rubuta a kan finafinan Hausa ya karkata ga tambaya guda: me muka aro daga Indiya? Brian Larkin ya buɗe wannan ƙofa a 1997, Farfesa Abdalla Uba Adamu ya faɗaɗa ta ya yi mata ginshiƙi, kuma duk mai nazarin wannan fage a kan aikinsu yake tsaye. Sai dai wanda ya kafa ido a kan rawa da waƙa, saurayi da budurwa zai yi ta gani, domin su ke rawar. Dattijon da ke zaune bisa tabarma a ƙofar gida yana jiran masu neman auren ƴarsa, da tsohuwar da ke zuga ɗanta ya ƙaro aure, da maigadin da ke gyangyaɗi a bakin ƙyaure, ba su cika shiga lissafi ba. Su nake kira ƴan wasan gefe, kuma a kansu nake son mu tsaya.

Yadda fim ya iso mana

Dawce ƙaramar hukuma ce ta karkara a yankin Matameye, jihar Damagaram, kuma a harkar ciniki kudu take kallo. Hanyar da ta ratsa Matameye ta bi ta Ɗan Barto, ta tsallaka iyaka ta shiga Daura, daga can sai Kano. Naira na yawo a kasuwanninmu tare da sefa, samarinmu kuma da an kai amfanin gona gida sai ci-rani. Ta wannan hanya kaset ɗin bidiyo ya shigo bayan ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990, daga baya faifan CD daga Kasuwar Ƙofar Wambai ya maye gurbinsa, yanzu kuma fim ya koma abin da ake tura wa mutum a waya.

Wurin da ake kallon yana da muhimmanci ga abin da zan faɗa. Rumfar zana ce, da benci, da tele guda, da janareta na ruri a baya. Wani ya shigo an yi nisa, wani an aiko kiransa ya tashi, a tsayar a yi sallah a dawo. Fim mai dogon zare, wanda sai ka san wace ce ƴar wa kafin ka gane abin da ya sa ake kuka, yana wahala a irin wannan wuri. Fim ɗin da kowace fitowa ke tsaye da ƙafarta, ka shigo ko'ina ka samu abin dariya, shi ya dace da rumfar. Finafinan camama, wato na barkwanci irin na Ibro, haka aka gina su. Ina ganin wannan na cikin dalilan da suka sa karkara ta riƙe su hannu biyu tun lokacin da ƴan birni ke yi musu kallon raini, kuma shi ya sa da zamanin waya ya zo aka riƙa yanka su gunduwa-gunduwa ba tare da sun rasa komai ba.

Biyu da suka riga Ibro

Kafin bidiyo, ɗan ƙauye ba shi da rabo a kallo sai ya je birni. A wancan zamani gidajen sinima na ƙasashen da Faransa ta yi wa mulkin mallaka suna hannun kamfanoni biyu, COMACICO da SECMA, su ke zaɓen abin da za a haska. Da yawa daga cikin finafinan kaboyin da ake ɗauka na Amurka ne, Italiyawa suka shirya su a busassun filayen kudancin Sifaniya. A cikinsu akwai wani ƙaton mutum, Mario Brega, haifaffen Roma a 1923, wanda mahauci ne kafin ya shiga fim. Ya fito a duka finafinan kaboyi uku da Sergio Leone ya yi da Clint Eastwood a 1964, 1965 da 1966, kullum a ɓangaren miyagu, kuma a kowanne sai an kashe shi kafin a tashi. Jikinsa ake bukata. Muryar da mai kallo ke ji a wajen Italiya ta wani ce aka ɗora masa. Sai a farkon shekarun 1980, da Carlo Verdone ya sa shi a finafinan barkwanci yana magana da karin harshen unguwannin Roma, mutanen ƙasarsa suka san dukiyar da ke bakinsa. Ya rasu a 1994.

A 1966 ɗin nan, a nan Nijar, Moustapha Alassane ya yi Le Retour d'un aventurier, labarin saurayin da ya dawo daga ƙetare da kayan kaboyi ya raba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi garinsu. A cikinsa Zalika Souley ta fara fitowa. Oumarou Ganda ya ci gaba da sa ta a finafinansa, har da Le Wazzou polygame wanda ya ci babbar kyautar bikin finafinai na FESPACO a Wagadugu a 1972, karon farko da aka ba da ita. Matsayin da aka fi ba ta shi ne na mace mai zaman kanta ko kishiya mai baƙin kishi, kuma ta iya, har mutanen Yamai da yawa suka kasa raba ta da matan da take kwaikwaya. Fim ɗin da Rahmatou Keïta ta yi a kan rayuwarta ya nuna ta cikin ƙuncin talauci, daga baya ta tafi ƙasar waje aikatau. Ta rasu a 2021. Duk ɗan Nijar da ke alfahari da kyautar 1972, ya dace ya san yadda ƙasar ta saka wa wadda ta ɗauki nauyin muguntar da ke cikin labarin.

Ibro

An haifi Rabilu Musa a 1971 a Ɗanlasan, ƙaramar hukumar Warawa ta jihar Kano. Ya yi aikin gandiroba na wasu shekaru kafin ya bari ya rungumi wasa a shekarun 1990. Bai faɗo daga sama ba. Ƙasar Hausa na da ƴan kama masu naɗa rawani su yi wa tuwo da miya wa'azi, da ƴan gambara, da wawan sarki, da wasannin tashe, da Gizo na tatsuniya wanda kwaɗayinsa ke kai shi ya baro shi. Rediyo da talabijin sun riga sun ɗauko wannan gado: Usman Baba Pategi da Samanjansa a Kaduna, Ƙasimu Yero, Karkuzu a Jos, a ɓangarenmu kuma ƙungiyar Yazi Dogo da ta yi suna daga Damagaram ta gidan rediyo da talabijin na ƙasa. Mai kallon Dawce ya san wannan nau'in mutum tun kafin ya ga fuskar Ibro.

Abin da Ibro ya zo da shi sabo shi ne ya ɗauki wanda aka saba ajiyewa a gefe domin a ɗan huta da kuka, ya zaunar da shi a tsakiya, har sunansa ya zama sunan fim. Ibro Awilo, Ibro Ɗan Daudu, Ibro Usama a 2002, Ibro Saddam a 2003, Ibro Aloko. Tsarin sunan kansa ya faɗi yadda aikin yake: rabin farko ba ya canzawa, rabi na biyu riga ce. Ba ya narkewa cikin wanda yake kwaikwaya. Ko ya sa gemun Usama bin Laden, ko ya ɗaure ƙugu yana rawar Awilo Longomba na Kwango, mai kallo na ganin Ibro a ƙarƙashin kayan, da siririyar muryar nan, da hular da ba ta zauna daidai ba, da idon da ke neman hanyar gudu. Dariyar daga tazarar da ke tsakanin rigar da mai sanye da ita take fitowa. Manyan al'amuran duniya, yaƙin Afganistan da na Iraƙi da kiɗan Kinshasa, sai ga su sun sauko sun shiga jikin talakan ƙauye mai jin yunwa da tsoro. Matthias Krings ya yi nazarin finafinan Usama da Saddam ta fuskar yadda ake aro siffofin duniya a mayar da su na gida. Ni abin da na fi gani shi ne, mutumin da bai taɓa fita daga ƙasar Daura ko ta Kance ba ya samu damar yi wa masu mulkin duniya dariya cikin harshensa. Fim ɗin Usama ya jawo suka daga wasu malamai da ƙungiyoyin addini, abin da ke nuna cewa an san ba wasan yara ba ne.

A nan ne maganar harshe ta shigo, kuma ita ce zuciyar wannan maƙala. Ku saurari jarumi da jaruma a finafinan soyayya na farkon shekarun 2000. Hausarsu a goge take, an tsara ta domin ta yi daɗi, cike da alkawari da rantsuwa, a ɗakunan da babu irinsu a unguwar mai kallo. Ba haka saurayi ke zance a dandalin Dawce ba, ba kuma haka yake yi a Wudil ba. To ku saurari Ibro yana cinikin akuya, ko yana kare kansa gaban mai unguwa, ko yana lallashin matar da ya hana kuɗin cefane. Akwai gatse, da habaici, da zaurancen kasuwa, da rantsuwar ƙarya, da maganar da ake farawa a bari a tsakiya domin an ga fuskar mai sauraro ta canza. Dalilin wannan a yadda ake aikin yake. Finafinan camama ba su cika dogara da cikakken rubutu ba. A gaya wa ɗan wasa ga abin da zai faru a wannan fitowa, ga inda za a tsaya, sauran daga cikinsa zai ciro. Wanda aka ba rubutu, Hausar marubuci yake faɗa. Wanda aka saki, Hausar da ya tashi da ita yake faɗa. Ƙarancin kuɗin da ya hana a ɗauki marubuci shi ya buɗe wa harshen titi da na gona ƙofa.

Haka abin yake ga sauran ƴan gefe ko a cikin finafinan soyayyar. Idan marigayiya Saratu Giɗaɗo, Daso, ta buɗe baki a matsayin uwar miji ko kishiya, tsakar gidan Bahaushe ce ke magana, da zafinta da iya jefa magana. Ta fara da Linzami da Wuta a 2000, ta yi fiye da shekara ashirin tana ɗaukar matsayin da mata da yawa ke gudu, har ta rasu ranar 9 ga Afrilu 2024, a ƙarshen azumi. Idan Kabiru Nakwango ya zauna a matsayin uba yana nasiha, zauren gidan malam ne. Su ne daddawar miyar: ba a tallata fim da su, amma a cire su a ji salam.

Ba na son in wanke Ibro da abokan sana'arsa tas, domin akwai inda barkwancin ya taka mutane. Camama ta samar da ƴan wasan da sana'arsu kacokan kwaikwayon wata ƙabila ce, kamar Ɗan Gwari da Baban Chinedu, kuma sau da yawa gurguwar Hausar baƙo ita ce abin dariyar. Masu kare wannan kan ce ai wasan taubasantaka ne, irin na Fulani da Barebari, ko Kanawa da Zagezagi, ko Gobirawa da Yarbawa. Mu a Nijar mun fi kowa sanin darajar wannan wasa, tunda a 2014 hukumar UNESCO ta sanya shi cikin gadon al'adun duniya da sunan ƙasarmu. To amma sharaɗinsa shi ne a rama. Bafulatani ya jefa, Babarbare ya mayar nan take, a rabu ana dariya. A fim wanda aka tsokana ba ya nan, ba shi da bakin ramawa, kuma faifan zai yi ta juyawa shekara da shekaru a gaban yaran da ba su taɓa zama da Bagware ba. Haka nan yadda ake mayar da makaho da kurma da mai in'ina abin dariya. Wannan aibi ne, kuma son da muke yi wa mamaci ba zai sa mu kira shi da wani suna ba.

Akwai kuma tsadar da shi kansa ya biya ta fuskar fasaha. Wanda ya duba fitowar da ya yi a manyan finafinai a shekarunsa na ƙarshe zai ga mutum mai sanin lokacin da ake yin shiru, mai iya sa tausayi ya ratso cikin dariya. Ina da yaƙinin da an ba shi matsayi mai nauyi da ya ɗauka. Kasuwa ba ta bari ba. Ɗan kasuwar da zai sayi fim ya san abin da sunan Ibro ke sayarwa, ba zai zuba kuɗinsa a gwaji ba, mai kallo ma da ya ga fuskar ya fara dariya tun bai yi magana ba. Abin da ya ɗaukaka shi shi ya tsare shi wuri guda.

Kotu da lada

Jihar Kano ta kafa hukumar tace finafinai a 2001, bayan ƙaddamar da shari'ar Musulunci. A 2007 aka naɗa Malam Abubakar Rabo Abdulkarim ya shugabance ta, aka shiga shekarun da ƴan fim ba za su manta ba. A 2008 kotun tafi-da-gidanka ta ɗaure Ibro wata biyu, bisa tuhumar da ta shafi rawar da ke cikin Ibro Aloko da kuma gudanar da kamfani ba tare da rajista ba. Mutumin da ya taɓa riƙe mabuɗin gidan yari ya kwana a cikinsa. Ba hurumin wannan maƙala ba ne ta sake shari'ar. Abin lura shi ne ɗan barkwanci ya fi kowa sauƙin kamu, domin aikinsa a bakin iyakar abin da aka yarda a faɗa yake, kuma al'ummar da ke dariya da shi da dare ba ta jin nauyin tsaya masa da rana. A tsarinmu na gargajiya mai ba da dariya yana da ƴancin baki amma ba shi da daraja. Ana ba shi kyauta, ba a cika son ba shi ƴa ba. Fim ya gaji wannan bai gyara ba.

Ibro ya rasu ranar 10 ga Disamba 2014, kwana kaɗan kafin ya cika shekara 43. Shi dai ya samu abin hannu daidai gwargwado, domin ya kai matsayin da sunansa ke sayar da kaya. Mafi yawan ƴan gefe ba su kai nan ba. A 2022 Ladin Cima, wadda ta fara wasa tun zamanin talabijin, ta shaida wa sashen Hausa na BBC cewa sau da yawa abin da ake ba ta bai wuce naira dubu biyu zuwa dubu biyar ba. Wasu masu shirya fim suka fito suka ce sun biya ta fiye da haka, aka yi ta ce-ce-ku-ce. Ni a ganina gardamar ta kauce wa inda ciwon yake. Ko nawa ne, sau ɗaya ake biya, a hannu, ranar aiki, galibi babu takarda. Ɗan wasan gefe fitowa biyu ko uku gare shi a fim, a yini guda an gama da shi. Fim ɗin zai shekara ashirin ana kallo, a kaset, a faifai, a tauraron ɗan'adam, a YouTube, ba abin da zai sake komowa gare shi. Jarumi na da wasu ƙofofi: talla, siyasa, kamfanin kansa. Tsohuwar da ta ƙware a fitowa muguwar uwar miji, wane kamfani zai ba ta tallar sabulu?

Mu ma a wannan ɓangare na iyaka muna da hannu a ciki. Kusan duk abin da muka kalla kwafin kwafi ne. Sefar da aka tara a rumfunan kallo daga Matameye zuwa Magarya ta tsaya ne a hannun mai janareta da mai buga faifai. Ba zargin kowa nake ba, tunda babu wata hanyar da aka shimfiɗa wadda kuɗin zai bi ya koma Kano, amma duk lissafin da za a yi na abin da ƴan wasan nan suka yi asara, dole a sa kasuwar Nijar a ciki.

Aikin da ke gabanmu

Idan da'awar wannan maƙala ta tsaya, to finafinan camama ma'ajiya ce ta Hausar baka ta ƙarshen ƙarni na 20 da farkon na 21, irin wadda ba a samu a littafi ko a labaran rediyo. Mai nazarin karin harshe zai iya ɗaukar maganar Ibro, wadda ta ƙauyukan gabashin Kano ce, ya gwada ta da ta Dawce da ta Damagaram, ya ga kalmomi da salon gatsen da suka tsallako iyaka ta hanyar faifai suka zauna a bakin yaranmu. Mai nazarin zamantakewa zai ga yadda talaka ke kallon ɗan sanda da alƙali da mai unguwa a shekarun da aka yi finafinan.

Matsalar ita ce kayan aikin na lalacewa. Kaset na cin tsatsa da ƙura, faifai na karcewa, abin da ke yawo a waya kuma guntaye ne marasa suna da shekara, an yanke farkonsu inda ake rubuta waɗanda suka yi aikin. Ta haka sunayen ƙananan ƴan wasa ke fara ɓacewa. Shawarata ga sassan harshe da adabi na jami'o'inmu, musamman Jami'ar André Salifou ta Damagaram wadda ta fi kusa da wannan yanki, ita ce a tura ɗalibai wajen waɗanda suka taɓa riƙe shagunan haya da rumfunan kallo a Matameye da Kance da Dawce, a sayi abin da ya rage a akwatunansu tare da kwalayensa, domin a jikin kwalin ne ake samun sunan kamfani da na ƴan wasa. A juye su a kwamfuta, a rubuta maganar yadda aka furta ta ba tare da an gyara ta zuwa daidaitacciyar Hausa ba, a kuma zauna da masu rumfunan a ji daga bakinsu wane fim ne ke cika benci, wane ne ake tashi a bari.